Jakar ruwa a hanta: a bar ta, a zuƙe ta, ko a shiga tiyata?

Ranar da goggona ta dawo daga awon ekogarafi, wato hoton cikin jiki da ake ɗauka da na'ura ta kan fata, a nan Tawa, takardar tana ƙulle a bakin mayafinta kamar laya. Ciwon ciki ne ya kai ta, irin mai taso mata da dare in ta ci tuwo da yaji. Mai na'urar yana zagayawa ƙarƙashin haƙarƙarinta na dama sai ya ga wani baƙin da'ira a hanta, ya auna, ya rubuta santimita 4, ya ce mata a gurguje jakar ruwa ce. Ita kuwa kalma guda kunnenta ya riƙe: hanta. Kafin la'asar gida ya cika. Wani ya ce a sayar da ragon da take kiwo a kama hanyar Yamai, wata ta ce akwai mai sassaƙe a kasuwa da ke narkar da ƙari cikin mako guda, ƙanin mijinta kuma ya ce ai ba wani abu ba ne, allura ake sawa a zuƙe ruwan a dawo gida a ci tuwon dare.

"Ɗana," in ji ta, "kai da ka yi lekol, duba mini mi anka rubuta. In tahiya ta, in shirya."

Na yi shekaru ina aikin jinya, irin wannan taron na gan shi ba sau ɗaya ba. Abin da ke ba ni tsoro a cikinsa shi ne ana gardamar magani tun ba a san sunan cutar ba. Kalmar kisti da ake rubutawa a takarda rumfa ce, abubuwa wajen biyar ne ke fakewa ƙarƙashinta. Ga wanda bai iya karatun hoton ba duk baƙin da'ira ne, amma kama da wane ba ta wane. Allurar da za ta sauƙaƙa wa wannan tana iya kai wancan kushewa kafin a kira sallah ta gaba.

Wadda aka fi gani nesa ba kusa ba ita ce jakar da likitoci ke kira mai sauƙi. Da tushenta ake haihuwar mutum: tun yana cikin uwa wani ɗan reshe na hanyoyin maɗaciya ya kasa haɗuwa da 'yan uwansa, ya rufe, fatar cikinsa tana tsattsafo da ruwa garai-garai a hankali shekara da shekaru. Binciken da aka yi da na'urorin hoto ya same ta a jikin kashi 2.5 zuwa 18 cikin 100 na mutane, gwargwadon irin na'urar da shekarun waɗanda aka duba. Ta fi bayyana bayan shekara 40, kuma manyan da ke kai ga damun mutum sun fi yawa ga mata. Ba ta rikiɗewa ta zama daji, ba ta hana hanta aikinta, ba a ɗaukarta daga wani, kuma ba ruwanta da ciwon hanta na B da ya addabi ƙasar nan.

Ta biyu ita ce ta tsutsar kare, wadda takardun asibiti ke kira kisti idatik. Wata 'yar tsila ce da tsawonta bai wuce milimita 3 zuwa 6 ba, tana zaune a hanjin kare, ƙwayayenta suna fita da kashinsa su watsu a ciyawa, a ƙasa, har a gashin karen. Tunkiya ko akuya ko saniya ko raƙumi su haɗiye su wajen kiwo, jaka ta fito musu a hanta ko huhu. A yanka dabbar a jefa wa kare kayan cikin, sai tsutsa ta sake tashi. Mutum faɗawa yake cikin wannan kewaye bisa tsautsayi, ta hannun da ya shafi kare ya kai baki, ko ta ruwa da ganyen da kashin ya taɓa. Wajen 7 cikin 10 a hanta take sauka, wajen 2 a huhu, kuma tana iya yin shekaru 10 ko fiye tana girma shiru. A yankin da makiyaya ke kwana da tashi da karnukansu, daga Abalak zuwa Cintabaraden, ba a cire ta daga lissafi.

Sauran ukun: ƙurjin hanta, wanda mugunya ce a ciki ba ruwa ba, hanta mai jakunkuna birjik ta gado, da wani ƙari mai majina a ciki wanda ba a cika gani ba amma ba a wasa da shi. Zan zo kansu.

To yaya ake rarrabewa? Nan mutane ke fara zubar da kuɗi, don an ɗauka awon da ya fi tsada shi ya fi faɗin gaskiya. A wannan cutar ba haka ba ne. Ekogarafi, da ake samu a babban asibitin jiha na Tawa da asibitocin gundumomi da dama, shi ne sarkin awon, in dai mai riƙe da shi ya ƙware. Jaka mai sauƙi tana fitowa zagayayya, baƙa wuluk, ba ko ɗigo a ciki, bangonta siriri har ba a ganinsa. Ta tsutsar kare bangonta yana da kauri, sau da yawa layi biyu, wani lokaci da 'ya'yan jakunkuna a ciki kamar saƙar zuma, ko wata fata da ta saɓule tana yawo kamar tsumma cikin randa, ko kuma bango ya daskare kamar ɓawon ƙwai. Ƙurji kuwa cikinsa gurɓatacce ne. Wani likitan hoto ɗan Tunisiya, Hassen Gharbi, ya kasa jakar tsutsar kare gida 5 tun 1981, kuma likitocin da suka yi karatu da Faransanci har yau suna rubuta lambarsa. Hukumar Lafiya ta Duniya ta fito da nata tsarin a 2003, daga CE1 zuwa CE5. In ka ga ɗaya daga cikin waɗannan a takardarka, ka riƙe lambar da kyau, don ita ke zaɓen magani.

Sikana, babbar na'urar hoton da ake kwantar da mutum a cikinta, tana da amfani idan hoton farko ya bar shakka, ko ana shirin tiyata ana son a ga inda jakar ta jingina da manyan jijiyoyi. Amma ta fi tsada, tana da haskenta da ke ratsa jiki, ruwan da ake ɗura wa mutum a jijiya yana son ƙoda mai lafiya, kuma wajen ganin abin da ke cikin jakar tsutsa ekogarafi ya fi ta ido. IRM, na'urar hoto mai aiki da maganaɗisu, ta fi su duka nuna rabe-raben cikin jaka da haɗuwarta da hanyar maɗaciya, sai dai nemanta na nufin tafiya Yamai da jiran layi. Awon jini na tsutsar kare yana taimakawa, amma yakan ce babu alhali akwai, musamman in jakar sabuwa ce ko ta riga ta mutu. Don haka ba a jingina da shi shi kaɗai. Ni a wurina, wanda aka gaya wa yana da wani abu a hanta, kafin ya biya kuɗin sikana gara ya biya na awon AgHBs, wato awon jini na ciwon hanta na B. Ciwon hanta na B shi ke kashe mutanenmu a ɓoye, kuma ranar da aka leƙa hantar ita ce ranar da ta dace a tambaye shi.

Mu koma kan goggo da masu irin tata, wato jaka mai sauƙi. Hanyoyi huɗu ne a gabansu.

Ta farko, a bar kaza cikin gashinta. Ita ce ta dace da mafi yawan mutane, ita ce kuma ta fi wuyar karɓa, don dangi suna ganin kamar an yi sakaci. Ƙungiyar likitocin hanta ta Turai a ƙa'idojinta na 2022 ta ce jaka mai sauƙi da ba ta damun mai ita ba ta bukatar magani, ba ta ma bukatar a riƙa komawa awo. A wurinmu, inda akwai tsutsar kare kuma sabuwar jakarta kan yi kama da mai sauƙi, ina ganin hikima a sake dubawa sau ɗaya bayan wasu watanni wajen ƙwararre, in ba abin da ya sauya a rufe maganar. Tambayar da ya kamata a tsaya a kanta ita ce: ciwon da ya kai mutum asibiti, daga jakar yake? Jaka mai santimita 4, wadda ba ta kai ƙwan kaza ba, a cikin hanta mai nauyin kilo ɗaya da rabi, da wuya ta sa ciwo. Gyambon ciki, tsakuwar maɗaciya, ƙwannafi, su suka fi zama masu laifin. Na ga wanda aka yi wa aiki aka cire rufin jaka, ya warke daga yanka, ciwonsa na nan daram, don tun farko ba ita ba ce. Jakar da ke damun mutum da gaske yawanci babba ce. Mai santimita 10 tana ɗauke da ruwa rabin lita, mai 15 ta kusa lita 2. Irin wannan tana danne tumbi, mutum ya ci loma uku ya ji ya ƙoshi, ya ji nauyi a dama in ya yi ruku'u, numfashi ya gajarta in ya kwanta.

Ta biyu ita ce ta ƙanin mijin goggo, a zuƙe ruwan kawai. Tana da daɗin ji, ba ta da tsada, kuma ba ta magani. Kamar kwashe ruwan rijiya ne a bakin tabkin Tabalak: idon ruwan yana nan, fatar da ke tsattsafowa tana nan, cikin kwanaki ko makonni jakar ta cika, kusan ga kowa. Kowace huda kuma ƙofa ce ga ƙwayoyin cuta. Amfaninta guda: gwaji. In an zuƙe ciwon ya tafi, ya dawo da dawowar ruwan, an tabbata jakar ce. In an zuƙe ciwon bai motsa ba, a nemi dalili a wani wuri.

Ta uku, a zuƙe sannan a ƙone fatar cikin. Ana kashe zafin wurin kawai, ba a sa mutum barci. Likita yana kallon ekogarafi ya sa siririn bututu, ya fitar da ruwan, ya tabbata jakar ba ta haɗe da hanyar maɗaciya, sannan ya ɗura alkol na asibiti ko wani magani irin polidokanol, a bar shi ɗan lokaci ana jujjuya mutum don ya taɓa ko'ina, a sake zuƙe shi. Akwai zafi lokacin ɗurawa, wani ya yi ɗan zazzaɓi, wani ya ji jiri in alkol aka sa. Abin da ba a cika gaya wa mutane ba shi ne jakar takan sake tara ruwa a makonnin farko kafin ta fara motsewa, kuma motsewar na iya ɗaukar wata 6. Wanda bai san haka ba zai koma awo bayan mako biyu ya ce an cuce shi. Wannan hanyar ta fi dacewa da jaka guda babba, da wadda ta nutse can cikin hanta, da tsoho ko mai ciwon zuciya da ake jin tsoron sa shi barci.

Ta huɗu, tiyatar cire rufi. Da na'urar leƙen ciki ake yi, wadda likitocinmu ke kira seliyo: 'yan huji 3 ko 4 a ciki, kyamara ta shiga, a yanke saman jakar da ya fito bayan hanta, ruwan da zai ci gaba da tsattsafowa ya zuba cikin ciki jiki ya shanye abinsa. Wajen mutum 9 cikin 10 suna samun sauƙi, wajen 1 cikin 10 damuwar kan dawo masa daga baya. Tana son barci cikakke da 'yan kwanaki a gado, kuma akwai haɗarin zubar jini ko yoyon ruwan maɗaciya. Fa'idarta da allura ba ta da ita: ana kai guntun bangon ɗakin bincike a tabbata ba ƙari ba ne. Inda babu seliyo ana yin aikin da buɗe ciki, aikin ɗaya ne, jinyar ce ta fi tsawo, kuma manomi ko ɗan dako zai yi makonni bai ɗauki nauyi ba.

In aka ce in zaɓa tsakanin ta uku da ta huɗu, ga yadda nake auna su. Mai ƙarfi a jika, jakarsa a gaban hanta kusa da fata, ko hotonta ya bar ɗan ƙaiƙayi a ran likita, seliyo. Mai shekaru, mai hawan jini ko sukari da ya ƙi saituwa, ko jakar tana can baya sama inda kyamara ba ta isa da sauƙi, allura da ƙonawa. Sama da duk wannan, hannun da ya saba. Gara hanyar da likitan da ke gabanka yake yi kowane wata da wadda ya karanta a littafi.

Duk abin da na faɗa a sama ya tsaya kan sharaɗi guda: an tabbata ba ta tsutsar kare ba ce. Surukin maƙwabcina, mai fataucin raƙuma daga wajen Abalak, ya tashi cikin karnukan Azawak tun yana rarrafe. Ya daɗe yana jin nauyi a dama, aka yi masa hoto a wani ɗakin shan magani na kuɗi a wani gari, aka ce jakar ruwa ce mai santimita 11, in ya biya yau a zuƙe masa yau. Kuɗin ba su cika ba. Ya zo Tawa karɓar cikon wajen ɗan uwansa, muka matsa masa ya sake awo, sai ga 'ya'yan jakunkuna jere a ciki kamar ƙwan zabi a kwando. Wani hanin ga Allah baiwa ne. Ruwan wannan jakar in ya zuba cikin jiki yana iya tayar da bori nan take: ƙaiƙayi, kumburi, shaƙewar numfashi, jini ya faɗi, mutum ya tafi. In ya tsira daga wannan, ruwan cike yake da kawunan tsutsa, kowane yana iya zama sabuwar jaka a ko'ina cikin ciki. Shi ya sa mai irin wannan ba a yi masa sakiya, ba a matsa wurin, ba ya shiga kokowa, kuma faɗuwa daga babur ko harbin raƙumi a dama maganar gaggawa ce.

Ita ma jakar tsutsar kare hanyoyinta huɗu ne, amma a nan girma da lambar jakar ke zaɓa, ba son ran mutum ba. Ƙarama mai rai, ƙasa da santimita 5, ana gwada ta da albendazol kaɗai, ƙwayar da muka sani ta tsutsar ciki, sai dai ba shan kwana ɗaya ba: miligiram 10 zuwa 15 ga kowane kilo na nauyin mutum a rana, a raba biyu, wata 3 zuwa 6, tare da abinci mai maiƙo don ya shiga jini sosai. Yana iya taɓa hanta da ƙwayoyin jini, don haka ana bin sa da awon jini, kuma ba a ba mai ciki a watanni 3 na farko. Sayen sa a tebur a yi ta sha ba tare da wannan bibiya ba, garin neman gira ne a rasa ido.

Wadda ta wuce santimita 5 kuma ɗaki guda ce ba 'ya'ya a ciki, akwai hanyar allura da ake kira PAIR: a huda, a zuƙe, a ɗura ruwan gishiri mai kauri na kashi 20 cikin 100 ko alkol don kashe kawunan tsutsar, a sake zuƙewa. Wani zai ce to ai ga shi ana hudawa. Ana hudawa, amma bayan an fara albendazol, ana ci gaba da shi aƙalla wata 1 bayan aikin, allurar tana bi ta cikin naman hanta don ya toshe hujin, ga adrenalin, allurar gaggawa ta borin jiki, da mai sa barci a tsaye kusa, kuma an tabbata jakar ba ta buɗe cikin hanyar maɗaciya ba, don ruwan gishirin zai ƙone ta. Tsakanin wannan da abin da aka so yi wa mai raƙuma akwai tafiyar kwana da kwanaki.

Babba mai 'ya'ya, ko wadda ta fashe, ta kamu da ƙwayoyin cuta, ko ta buɗe cikin maɗaciya, tiyata ce, tare da albendazol kafin da bayan. Ita aka yi wa surukin maƙwabcina a Yamai. Ba ƙaramin aiki ba ne: alƙaluman Hukumar Lafiya ta Duniya sun nuna kashi 2.2 cikin 100 na waɗanda aka yi wa tiyatar suna rasuwa, kuma wajen kashi 6.5 cutar kan dawo musu. Saboda haka ake bin mutum da ekogarafi har shekara 5. Ta ƙarshe kuwa, wadda ta mutu ta daskare, CE4 ko CE5, in ba ta damun kowa ba a taɓa ta, ido kawai ake sa mata. Yanka ta wahala ce ba riba.

Ƙurjin hanta ba ya ba da lokacin taron dangi. Zazzaɓi mai zafi, rawar sanyi, ciwo a dama da ke harbawa har kafaɗa, mutum ya rame cikin mako biyu. Sau da yawa an sha maganin zazzaɓin sauro sau biyu bai ji ba. Wanda amiba ke kawowa, ƙwayar da ke sa atuni, ya fi kama maza majiya ƙarfi, kuma metronidazol na kwana 7 zuwa 10 yana karya shi, zazzaɓin kan sauka cikin kwana 3 ko 4, sai a bi da wani maganin da ke share hanji. Ana zuƙe shi ne in ya yi girma ƙwarai, ko yana ɓangaren hagu kusa da zuciya, ko ya ƙi jin magani. Ramin da ya bari yakan yi watanni ana ganinsa a hoto, wannan ba dalilin sake magani ba ne. Wanda bakteriya ke kawowa kuwa, sau da yawa ga mai sukari ko mai matsalar maɗaciya, yana son allurai masu ƙarfi da bututun fitar da mugunya.

In jakunkunan sun wuce 10, ana tunanin ta gado, kuma abin da za a fara dubawa ƙoda ce, don sau da yawa tare suke tafiya, ƙodar ce kuma ke kawo hawan jini da babbar matsala. Hantar kan ci gaba da aikinta ko ta yi girma. Macen da ke da ita ta gaya wa ungozoma kafin a zaɓa mata maganin tazarar haihuwa, don sinadarin estirojen da ke cikin wasu magungunan yana ƙara wa jakunkunan girma. Shi kuma ƙari mai majina, kusan mata kaɗai yake kamawa, masu matsakaitan shekaru. Alamarsa bango mai kauri, shinge-shinge a ciki, ko wani tsiro a jikin bangon. Yana iya komawa daji, don haka ba a zuƙe shi, ba a cire masa rufi, cire shi ake ɗungurungum.

Maganar sassaƙe ba zan ja ta ba. Ba ruwan da mutum zai sha ya je ya huda jaka a hanta, kuma duk abin da aka haɗiya hantar ce ke tace shi. Wanda jakarsa mai sauƙi ce zai sha ya ce ya warke, don dama ba abin da ke damunsa. Wanda tasa ta tsutsa ce zai yi asarar watanni.

Sai batun tafiya. Daga Tawa zuwa Yamai sama da kilomita 500 ne, ta Dogon Dutsi da Doso, ga kuɗin mota, ga masauki, ga mai jinya da zai bar aikinsa. Jakar ruwa ta cinye jikunan kuɗi ba a ko fara magani ba. Jaka mai sauƙi da ba ta damu, da ƙurjin amiba, da bibiyar mai shan albendazol, duk ana iya gama su a nan. Abin da ya cancanci hanya shi ne hoton da ya bar shakka, babbar jakar tsutsa, jakar da ake zargin ƙari ce, da mai son seliyo. Irin waɗannan ayyukan a manyan asibitocin Yamai aka fi samun masu yin su, kamar Asibitin Ƙasa da babban asibitin Referans. A tafi da takardar turawa daga likita da duk hotunan da aka taɓa yi, har tsofaffin, don girman jaka bara da girmanta bana ya fi kowane awo guda magana. Kuma kafin a yarda da allura ko wuƙa, a tambayi likita kai tsaye: Likita, wace iri ce? An tabbata ba ta kare ba ce? Ciwona daga ita yake? In na bar ta me zai faru? Likitan ƙwarai ba ya jin haushin waɗannan. A gaya masa kuma in ana kiwo, in akwai kare a gida ko a ruga, ko da tun ana yaro ne. Wanda kuwa ya ji ciwo mai tsanani farat ɗaya, ko zazzaɓi, ko idonsa ya yi shawara, ko jiki ya ɗauki ƙaiƙayi da kumburi, ko amai ya ƙi tsayawa, ba Yamai zai nufa ba, asibiti mafi kusa zai nufa a daren.

Goggo mun mayar da ita awo wajen wani likitan. Ya daɗe yana dubawa, ya tambaye ta ko ta taɓa zama da karnuka, ta ce ita da kare ko a hanya ba sa haɗa ido. Ya ce jakar mai sauƙi ce, ya nemi awon AgHBs ya fito babu, ya rubuta mata maganin gyambon ciki ya ce ta rage yaji da cin dare. Bayan wata 6 aka sake aunawa, santimita 4 ɗin nan ce dai.

Ragon bai je kasuwa ba, ya kai layya. Da mahauci ya feɗe shi sai ga wata 'yar jakar ruwa a jikin huhun. Na riga na gaya mata cin naman ba ya sa wa mutum wannan cutar, kare ne in ya ci jakar yake zama masomi. Mahaucin ya yanke wurin, ya ɗaga hannu zai wurga bayan katanga inda karnukan unguwa ke jira.

"Kul, malam," in ji goggo. "Yara, ku ɗauko hauya. A gina rami mai zurhi, a aza dutsi bisa."